Ƙarfen Jaji da ke Magana da Mutanen Bana

Daga garin Bana na Nijar, in ka bi ta Gaya ka tsallaka iyaka a Kamba, hanyar Kaduna doguwa ce: Birnin Kabi, Sakkwato, Gusau, Funtuwa, Zariya. Bayan Zariya ne, kafin a shiga Kaduna, za ka iso Jaji. Matafiya sun san garin da barikin soja da kwalejin horar da manyan hafsoshi. Abin da ya sauke ni daga mota kuwa dogon ƙarfen nan ne da ke tsaye a fili, an ɗaure shi da wayoyi ta kowace kusurwa. Daga nan muryar Rediyon Najeriya Kaduna ke tashi.

Mu a ƙasar Dandi mun taso muna jin wannan gida. Gwamnatin Sardauna Ahmadu Bello ce ta kafa shi a 1962, ya koma hannun gwamnatin tarayya a 1978. Manomi da mai dafa gishirin Foga da Bafulatani a ruga duk sun san shirin Jakar Magori, sun sha dariyar Samanja, sun ji Shata yana waƙa. Kowa ya ɗauka daga tsakiyar birni maganar ke fitowa. Ashe a Kaduna ake yin ta kawai. Mai kai ta nesa yana nan cikin gonaki.

Wani injiniya, dattijo mai fara'a, ya zaga da ni. Na tambaye shi, "Ranka ya daɗe, ina eriyar take a jikin ƙarfen?" Ya ce, "Malam, ai ƙarfen gaba ɗayansa shi ne eriyar." Shi ya sa irin wannan ƙarfe ba ya taɓa ƙasa, a kan wani abu mai hana wuta wucewa yake zaune, an kuma kewaye gindinsa da shinge. Abin da ya fi burge ni ido ba ya ganinsa: wayoyin tagulla ne binne a ƙasa, sun bazu daga gindin kamar saiwar gawo. Tashar matsakaicin zango da ƙasa take aiki, tana son fili mai faɗi da ƙasa mai danshi, abin da birni ba zai ba ta ba. Zangon tashar Jaji kilohaz 594 ne, wato kusan mita 505.

Da rana sautin ƙasa yake bi, yana raguwa da nisa. Rana na faɗuwa sai sararin sama ya riƙa maido shi ƙasa can nesa. Nan na fahimci dalilin da ya sa tsofaffinmu ke jiran bayan magariba kafin su murɗa akwatin rediyo, ga shi tsakaninmu da Jaji ya haura kilomita 400. 

Tashoshin FM sun yawaita, muryarsu tangaran, ina kuma jin daɗinsu. Sai dai ka yi ’yar tafiya su ɓace. Mai kiwon da ba shi da lantarki, ba shi da kuɗin intanet, batir biyu sun ishe shi ya ji labarin duniya da Hausa, ko yana Nijar ko Benin. Ma'aikatan da ke kwana kusa da injin suna duba zafinsa, ba a ambaton sunayensu a iska, kuma don wannan makiyayin suke hana idonsu barci.