"Ɗan Wa Ne?"

A taronmu na watan jiya, da aka kawo sunan wani matashi don ya riƙe mana kujerar ma'aji, sai wani dattijo ya ɗaga murya daga baya ya ce, "Ɗan wa ne?" Aka ce ɗan mahauta ne. Wuri ya yi tsit, aka ɗage maganar. Ba mu sa wannan a littafin taro ba, amma tun ranar abin yake damun mu.

Tambayar nan ta girmi ƙungiyarmu nesa ba kusa ba. Bayan Malam Yakubu ya karɓo tuta daga hannun Shehu Usmanu, ya kafa garin nan a 1809, ƙasa ta zauna hawa-hawa. Sarki a sama, sai manyan fada irin su Galadima, Madaki, Ajiya da Wambai, kowa da garuruwan da aka damƙa masa. Yawancinsu a cikin ganuwa suke zaune, ba a ƙauyukan ba. Jakada suke aikawa ya karɓo haraji da jangali da zakkar hatsi daga hannun dagaci, kowane hannu ya taɓa nasa kafin sauran ya iso fada. In yaƙi ya taso, mai sarauta ya kawo dawakai da mutane. Talaka ya noma, ya biya, ya kai gaisuwa. Ƙasa da shi kuma akwai bayi, waɗanda ke noman gandun manya, abin da ba mu cika son faɗa a bainar jama'a ba.

'Ya'yanmu na karanta irin wannan tsari a tarihin Ingila da Faransa, inda sarki ke ba barde ƙasa a madadin yaƙi. Akwai kama, amma ba ɗaya ba ne. Manominsu a ɗaure yake da gonar ubangidansa. Talakanmu kuwa in zalunci ya ishe shi, yana iya kwashe iyalinsa da dare ya yi ƙaura, dagaci ya wayi gari da kango. Sai dai sana'a gado ce: maƙeri ya haifi maƙeri, wanzami ya haifi wanzami, kuma an san wanda za a ba 'ya da wanda za a hana.

Turawa sun shigo a 1902, suka tura hakimai su zauna a gundumominsu, suka ƙara wa En'e ƙarfi. Daga garin nan kuma aka fara tanka wa tsarin. Malam Sa'adu Zungur da Malam Aminu Kano sun yi ta muhawara a kansa a nan Bauchi wajen 1944. A 1950 Abubakar Tafawa Ɓalewa ya miƙe a majalisar Kaduna ya nemi a gyara mulkin En'e, shi da mahaifinsa yaron gidan hakimi ne. Yau kabarinsa muke fara nuna wa baƙo.

Muna girmama masarautarmu, ranar hawan sallah ma da mu ake cika ƙofar fada. Amma kuɗin asusun nan na marayu ne da marasa lafiya. Yaron nan shekara uku yana tara mana kuɗin wata, ko sisi bai taɓa ɓata ba. Sunansa na nan a jerin abin da za a tattauna ranar Asabar bayan la'asar, kuma ƙuri'a za a kaɗa.