Daso da Kishiyar Uwata

Hausawa na cewa labarin zuciya a tambayi fuska. Na daɗe ina gaskata wannan karin magana, sai da rayuwar Saratu Giɗaɗo, wadda aka fi sani da Daso, ta nuna mini cewa akan sami fuskar da ba ta faɗar gaskiyar zuciya.

A Wurno na tashi. Sa'ad da muke yara, bayan sallar lisha akan tayar da janareta a gidan maƙwabcinmu, mu yi sahu bisa tabarma gaban talabijin. A nan na soma ganinta. An haife ta a 1968, ta fara fitowa a fim ɗin Linzami da Wuta na kamfanin Sarauniya da ke Kano a shekarar 2000, daga bisani ta fito a Nagari da Gidauniya da Mashi da Sansani. Galibi matsayin muguwar mace ake ba ta. Da zarar ta zare ido ta murguɗa baki, sai tsofaffi su shiga tsine mata, sai ka ce tana jin su.

Mahaifiyata ta rasu ina ɗan shekara 7, na koma hannun kishiyarta, mutuniyar Rabah, mace mai kakkausar murya da ƙarancin dariya. Ni da ƙannena muka laƙaba mata suna Daso a ɓoye, muka riƙa auna ta da ma'aunin fim. In ta hana ni wanka a gulbi, mugunta ce. In ta aike ni fadama, ƙiyayya ce. Ran nan sunan ya kuɓuce mini a gabanta. Ba ta doke ni ba. Cewa ta yi, "Ɗana, ita waccan biyanta anka yi ta yi mugunta. Ni wa yab biya ni?"

Ban gane nufinta ba sai da na sami shiga jami'a. Ita ce ta sa aka kai tumakinta biyu kasuwar Goronyo aka sayar, ta ɗaure kuɗin a gefen zane, ta miƙo mini ba tare da ta ko yi murmushi ba.

Daso ta rasu a Kano ranar 9 ga Afrilu, 2024, a ƙarshen watan azumi. Abokan sana'arta suka yi ta shaidar fara'arta da kirkinta. A sannan ne na fahimci abin da muke karantawa a darasin wasan kwaikwayo: gwanintar ɗan wasa ita ce ya ara wa halin da ba nasa ba fuskarsa, domin jama'a su ga munin halin su guje shi. Shekara ashirin da ɗoriya ta yi tana shan tsinuwar da ba tata ba, mu kuwa muka kwashi ragowar muka jibga wa matar da ke ciyar da mu.

Da na je gida hutun sallar nan, na durƙusa gaban Inna na roƙi gafara. Allah ya jiƙan Daso, ya kuma ba ni ikon saka wa Inna.