Bindigar Bututu da Mazan Bama: Yini Guda a Ɗandamisa

Na bar Zariya da sanyin safiya, hazon hunturu bai gama yayewa ba. Kafin in isa tasha sai da na bi ta gefen barikin Chindit, inda Daffon horar da kuratan soja yake tun 1924. Na daɗe da karantawa a takarda cewa daga ƙasar Bama sunan nan ya zo, amma sai a wannan rana na ji labarin daga bakin wanda ya ga sojojinmu da suka je can da idonsa.

Muka miƙe hanyar Kano, muka ratse a Tashar Yari zuwa Maƙarfi, daga nan na hau babur. Duk inda fadama ta kwanta, rake ne tsaye ya fi tsawon mutum, ana sara ana ɗaurewa, manyan motoci na jiran lodi. Wani wurin ƙanshin mazarƙwaila ne zai tare ka tun kafin ka hango hayaƙin. Ɗandamisa ɗaya ce daga mazaɓu goma na Ƙaramar Hukumar Maƙarfi, a ƙasar Zazzau, kuma garin manoma ne: rumbuna a bayan gidaje, karan dawa a jingine jikin katanga, awaki na bin inuwa. Ta'aziyya ce ta kai ni gidan wani abokin karatuna. Da aka sauko daga sallar azahar ya ce in raka shi maƙera ya karɓo addar saran rake da ya kai gyara.

Maƙerar rumfa ce ta kara, wani yaro yana zuga, maƙerin yana dukan bakin garma a kan uwar maƙera. A gefe mahaifinsa ne zaune a kan buzu, dattijo wanda ya ba tamanin baya, ido ya fara rauni amma kunne garau.

"Sannu da hutawa, Baba."

"Yauwa, sannu ɗan nan. Daga Birni?"

Na ce daga can. Muka taɓa hirar hanya da farashin taki. Ana cikin haka yaron ya jawo wani guntun bututun famfo daga tarin ƙarafa, wani tsohon sifirin ya biyo shi. Dattijon ya sa sandarsa ya taɓa su, ya ce abin da ya tuna masa ke nan da 'yan Bama. Yana yaro lokacin da suka dawo, kuma ya ji su suna cewa Bature ya ba su wata bindiga wadda ba komai ba ce illa bututu da sifirin, amma in ta buɗe baki sai ka ce ana yayyaga sabon yadi. Sitan suke ce mata.

Sten yake nufi, kuma siffar da ya bayar ba ta kauce ba. A tsakiyar 1940, ana cikin Yaƙin Duniya na Biyu, Ingila ta kwashe sojojinta da na ƙawayenta fiye da dubu ɗari uku daga gaɓar Dunkirk, ta bar tulin makamai a hannun Jamus. Ƙaramar bindiga mai aman wuta da take da ita a lokacin ita ce Thompson ta Amurka, wadda sojoji ke kira tomigan. Kyakkyawa ce, an sassaƙa ta daga curin ƙarfe, amma kowace ɗaya tana cin kusan dala 200, ga nauyin da ya doshi kilo biyar, ga jiragen ruwan da ke ɗauko ta Jamus na nutsar da su a teku. Sai Manjo Reginald Shepherd da Harold Turpin suka zana wadda za a iya ƙerawa a kowane ƙaramin shago. Aka ɗauki harafin farko na sunan kowannensu, S da T, aka haɗa da EN na masana'antar Enfield, sunan ya fito. Ta shiga hannun soja a 1941, kuɗinta bai wuce dala 10 zuwa 11 ba, kuma kafin a daina ƙera ta an yi kimanin miliyan huɗu. Har kamfanin Lines Brothers, wanda sana'arsa kayan wasan yara ce, ya koma yin ta.

Da na fara bayanin yadda cikinta yake, maƙerin ya ajiye masaba ya matso, domin magana ta zo gidansa. Jikinta bututun ƙarfe ne. A ciki akwai wani dunƙulen ƙarfe mai nauyi da ke kai da komo, a bayansa sifirin. Soja zai ja dunƙulen baya ya maƙale. Da ya taɓa kunama sai ya kubce ya ruga gaba, ya tura harsashi cikin bakin bindiga, ɗan tsinin da ke goshinsa ya daki gindin harsashin. Ƙarfin tashin harsashin shi zai mayar da dunƙulen baya, ya tofar da ƙwanso ta gefen dama, sifirin kuma ya sake turo shi. Ba wani makulli da ke riƙe shi. Nauyinsa da sifirin ne kaɗai ke auna lokacin. Maƙerin ya dubi yaron da ke zuga, hannu ɗaya na sauka ɗaya na tashi, ya ce ashe zuga-zugi ne. Ban taɓa jin wanda ya fassara ta a taƙaice kamar haka ba.

Samfurin da ya fi yawa, Mark II, nauyinsa kilo uku da ɗan ɗoriya ne, tsawonsa santimita 76, gindinsa sandar ƙarfe ce tsirara ba katako. Gidan harsashinta a gefen hagu yake shiga, a kwance, abin da ke ba soja damar lafewa da ƙasa yana harbi. Yana cin harsashi 32 na milimita 9, irin na ƙaramar bindigar hannu, wanda Jamusawa ma shi suke amfani da shi. Tana aman kimanin 500 a minti ɗaya, wato in mutum ya danne kunama bai ɗaga yatsa ba, cikin daƙiƙa huɗu gidan ya zama fanko. Shi ya sa ake koya wa kurtu ya riƙa saki kaɗan-kaɗan, uku ko huɗu. Saitinta an kafe shi a yadi 100, kuma bayan nan ba a dogara da ita. Doguwar bindigar da yawancin sojoji suka riƙe, Lee-Enfield mai cin harsashi goma, wadda 'yan sandanmu suka daɗe suna saɓawa, ta ninka ta nisa sau da yawa. Amma a kurmin Bama, inda gora da ganye ke rufe ido, mutum ba ya hango abokin gaba sai sun yi kusan gwabzawa, kuma a nan wanda ya riga zuba wuta shi ke kwana da rai. Japanawa, waɗanda ake yaƙa a can, ba su ƙera irin wannan bindiga da yawa ba. A tsarin sojan Ingila yawanci kofur ko saje mai jagorantar 'yan mutane kaɗan ake ba ita, sauran su riƙe doguwa, ɗaya ya ɗauki babbar bindigar Bren.

Dattijon ya ce sun kuma ji ana zaginta. Gaskiya ne, kuma ta ci zagin. Cutarta a gidan harsashi take. Harsasan suna jere layi biyu, amma a baki sai sun matse su koma layi ɗaya, to da ƙura ko laka ta shiga, ko leɓen gidan ya ɗan lanƙwashe, sai ta cije. Wanda ya kama gidan harsashin ya mai da shi mariƙi, shi ma ya jawo wa kansa. Gogaggun sojoji ba sa cika shi, sukan tsaya a 28 ko 30 don sifirin ya huta. Ga ta da tashi ba a taɓa ta ba: in gindinta ya bugi ƙasa da ƙarfi, dunƙulen yakan ja baya ya dawo da harsashi, ta harbi na kusa. A birnin Prague, ranar 27 ga Mayu 1942, Jozef Gabčík ya tsaya gaban motar Reinhard Heydrich, ɗaya daga manyan mutanen Hitila, ya ja kunamar Sten ta ƙi tashi. Gurnetin da abokinsa ya jefa ne ya yi aikin. Duk da haka, da yaƙi ya juya wa Jamus baya a 1945, ita ma kwaikwayonta ta yi.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne hannuwan da suka riƙe ta. A 1943 aka kafa runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma, aka zuba su a jirgin ruwa zuwa Indiya, daga nan Bama. Kimanin mutum 90,000 ne daga wannan yanki, fiye da rabinsu 'yan Najeriya, kuma Hausa ce harshen bariki tun zamanin da. Ta hannun sarakuna da hakimai da dagatai aka nemo da yawa daga cikinsu, samari daga garuruwa irin wannan, waɗanda ba su taɓa ganin ruwan da ya fi kogin Galma ba. Runduna ta 81 ta yi yaƙi a kwarin Kaladan a 1944, inda mota ba ta shiga, sai jirgin sama ya jefo abinci da harsashi, dubban 'yan dako su ɗauka a ka. A Janairun 1945 rundunonin biyu suka haɗu a kan garin Myohaung suka karɓe shi. Bataliyoyi uku na Najeriya kuwa, ta 6 da ta 7 da ta 12, an cire su aka haɗa da dakarun Janar Orde Wingate da ake kira Chindit, aka sauke su da jirgi a bayan layin Japanawa, suka tsare sansanoni irin su White City ana yi musu ruwan wuta dare da rana. Sunan barikin Zariya ke nan. Haka Dalet da Kalapanzin a Kaduna, da Letmauk a Ibadan, da Dodan da Arakan da Myohaung a Legas: duk wurare ne a Bama inda jinin mutanenmu ya zuba.

Dattijon ya tuna dawowarsu: kakin soja, takalmi mai nauyi, akwatin ƙarfe, 'yan kalmomin Indiya a baki. Ya ce akwai wanda in aka harba bindigar toka ranar salla sai ya faɗi ƙasa ya lafe, yara na dariya, manya na kawar da kai. A Zariya jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fita a 1939, ta riƙa kawo labarin yaƙin, Malam Sa'adu Zungur kuma ya yi musu waƙar Maraba da Soja. Amma kuɗin sallamar da aka ba baƙar fata bai kama ƙafar na takwaransa Bature ba, kuma da yawa fartanya suka koma wa. Wannan yana ci mini tuwo a ƙwarya. Bindigar da aka yi don arha an adana ta a gidajen tarihi, an rubuta nauyinta da tsawonta da shekarar kowane samfuri. Mutanen da suka riƙe ta, jikokinsu ma ba kowa ya san bataliyar kakansa ba.

Ita Sten, Ingila ta fara maye gurbinta da Sterling a 1953, mai lanƙwasasshen gida na harsashi 34, wadda sojojinmu suka shiga yaƙin basasa da ita. Yau kuwa sunan da ke bakin kowa AK-47 ne, kuma ba a bariki kaɗai ake jin ƙararta ba. Mutanen Giwa da Birnin Gwari sun sani. Da maganar ta biyo ta nan maƙerin ya girgiza kai, ya ce shi garma da lauje da adda ya gada, a kansu zai tsaya. Ya ɗauki guntun bututun nan ya auna da ido, ya ce zai yi ƙotar magirbi.

La'asar ta yi, muka karɓi addar, na durƙusa na yi wa dattijon sallama, ya sa mini albarka. A hanyar dawowa, ina bayan babur da ƙullin mazarƙwaila a cinya, na yi ta lissafin shekarunsa. Waɗanda suka je Bama kusan duk sun riga mu gidan gaskiya, waɗanda suka tarbe su suna yara su ne yanzu ke kan buzu. Ɗan Maƙarfi, ɗan Ikara, ɗan Kudan, in akwai irin wannan dattijo a gidanku ko a unguwarku, ka je ka gaishe shi, ka kunna wayarka, ka tambaye shi wa ya tafi, wa ya dawo, wa aka bari can. Ka rubuta sunayen da lambar soja in takardar sallama tana nan a ƙasan akwati. Waɗanda ba su dawo ba, da yawansu sunayensu na rubuce a maƙabartar Taukkyan, kusa da birnin Yangon.