Dutsen da ba ya maido jiya

Garinmu Madarumfa yana kudu da Maraɗi, a bakin babban tabki. Manya suna cewa kaburburan waliyyai 99 suna kewaye da tabkin. Mu yara kuwa, abin da ya dame mu shi ne wanka da kallon masunta.

Sa'ad da nake aji uku, yayana ya iya tsara labari. Wani dare muna zaune a tsakar gida, ya ce mana akwai wani birni can ƙarƙashin tabki. Mutanen birnin ba su da agogo, sai duwatsu uku masu ƙyalli. In an murza jan dutse, rana ta tsaya cak. In an murza baƙi, gobe ta zo yanzu-yanzu. In an murza fari, jiya ta dawo. Shi ya ƙago labarin da kansa, amma ni na ɗauke shi gaskiya.

A lokacin Kakata tana da rai, sai dai ta tsufa ƙwarai. Kullum na taso daga makaranta sai ta kira ni:

— Maigidana, zo ka zauna in faɗa maka sunayen kakanninka. Daga Katsina suka zo, tun kafin Turawa.

Ni kuwa sai in ce:

— Kaka, sai gobe. Abokaina suna jira na.

Sai in ruga bakin tabki. Haka na yi ta cewa gobe, har wata safiya cikin hunturu na ji kuka a ɗakinta. Kaka ta rasu.

Bayan sadakar bakwai, na tuna da labarin yayana. Na tafi gulbi, wanda ya ƙafe a lokacin, na yi ta tonon rairayi har na sami wani farin dutse mai ƙyalli, girman ƙwan kurciya. Na ɓoye shi a aljihu. Dare uku ina murza shi cikin bargo, ina cewa a raina: jiya ta dawo, in zauna wurin Kaka. Kowace safiya sai in leƙa ɗakinta, in tarar da tabarmarta a naɗe.

Rana ta huɗu na tafi da dutsen makaranta. Ana darasin lissafi, ni ina murza shi ƙarƙashin tebur. Malaminmu, wanda muke kira Mushe, ya gan ni. Na zaci zai buge ni. Amma da aka tashi, ya tsaida ni, ya ce:

— Yaro, me kake yi da wannan?

Na faɗa masa kome, ina kuka. Bai yi dariya ba. Ya juya dutsen a hannunsa, ya ce:

— Wannan ƙanƙara ce, irin wadda mutanen da suke bugawa da ƙyastu su sami wuta. Turawa suna kiranta kwarts. Yayanka bai yi kuskure duka ba, dutsen nan yana da aiki da lokaci. Gobe zan nuna wa aji duka.

Washegari ya ciro agogon hannunsa, ya buɗe bayansa da bakin wuƙa. Muka taru muna leƙe. Muka ga pil, wanda wasu ke kira batir, ƙarami kamar maɓalli. Kusa da shi akwai wani ɗan bututun ƙarfe, bai fi ƙwayar shinkafa ba. Mushe ya ce a cikin bututun akwai ɗan guntun kwarts mai baki biyu, kamar reshen da ya rabu. Na agogo a masana'anta ake yin sa, amma irinsu ɗaya da na aljihuna.

Ga abin da ya koya mana, wanda na ƙara karantawa da na girma. A shekarar 1880, wasu ƴan'uwa biyu a Faransa, Jacques Curie da Pierre Curie, suka gano cewa in an matsa kwarts, yana ba da ɗan lantarki. Ba a daɗe ba suka ga cewa in an sa masa lantarki kuma, yana motsi. A cikin agogo, pil yana ba dutsen lantarki, shi kuwa sai ya yi ta kaɗawa, sau 32 768 a kowace daƙiƙa. Ba ya gajiya, ba ya gaggawa. Wata ƙaramar na'ura tana raba wannan adadi biyu, ta sake raba shi biyu, har sau 15, sai ya zama 1. Nan ne hannun agogo yake yin taki ɗaya. An yi agogon kwarts na farko a Amurka a 1927, babba ne ƙwarai. A 1969 kamfanin Seiko na Japan ya fara sayar da na ɗaurawa a hannu.

Na ɗaga hannu na ce:

— Mushe, in an juya hannun agogo baya fa?

Ya juya shi baya da awa ɗaya, ya ce mu duba waje. Inuwar bishiyar da ke ƙofar aji tana nan inda take. Gani ya kori ji. Ya ce:

— Dutse yana ƙidaya lokaci ne, ba ya tuƙa shi. Yini da kwana daƙiƙa 86 400 ne. Wadda ta wuce, ba dutsen da zai maido ta.

Raina ya ɓaci. Amma da aka tashi, Mushe ya ba ni sabon kaye da fensir. Ya tambaye ni ko akwai wani tsoho da ya rage a danginmu. Na ce akwai Gwaggo, yayar Babana. Ya ce:

— Ka iya rubutu da Hausa. Tafi wurinta yau, kada ka ce gobe. Abin da ta faɗa, ka rubuta.

Na tafi ran nan da la'asar. Gwaggo ta faɗa mini sunan kakana, da na ubansa, da na uban ubansa. Ta faɗa mini yadda suka sari daji suka yi gona, da shekarar da fara ta cinye hatsi. Da muka kai kan kaka na huɗu, wanda ya taso daga Katsina, ta yi shiru. Ta ce:

— Wannan, Inna kaɗai ta san sunansa.

Na bar wurin sunan ba rubutu. Har yau haka yake cikin kayen. Hausawa sun ce da na sani ƙeya ce.

Ban jefar da dutsen ba, yana nan tare da kayen. Ban kuma daina son labarin yayana ba, har ina ba yara shi da dare. Labari yana da daɗi, yana buɗe tunani. Sai dai in na gama, nakan ce musu birnin nan babu shi, amma tsofaffin gidanku suna nan. Ku ma, in kun koma gida yau, wa za ku tambaya?

Tambayoyi

1. Mene ne aikin kowane dutse cikin labarin yayan marubuci?
2. Me ya sa marubuci ya tafi gulbi neman farin dutse?
3. Wane aiki kwarts yake yi cikin agogo?

Aiki

1. Ku raba 32 768 biyu, ku sake raba sakamakon biyu, har ku kai 1. Sau nawa kuka raba?
2. Ku tambayi wani tsoho a gidanku sunayen kakanninku, ku rubuta su cikin kayenku.