Jagdeep: Yaron Da Ya Tsufa A Gefen Akta

Duk wanda ya tashi a ƙasar Hausa, da wuya a ce bai san wani abu game da fim ɗin Indiya ba. Iyayenmu sun kalle shi a silima, irin su Plaza da Marhaba da Eldorado a Kano, mu kuwa muka tarar da shi a faifai da waya, har an juye shi da Hausa. Tsananin sabo ya sa aka raɗa wa 'yan wasansu sunaye irin namu: Dharmendra shi ne Sarkin Ƙarfi, Sanjay Dutt kuwa Ɗan Daba Mai Lasin. Amma in mai karatu ya lura, mutum biyu kaɗai muke kulawa da su, watau akta da bos, sai fa yarinyar da ake rigima a kanta. Sauran jama'ar da ke cika fim, kamar mai shago da kurtun ɗan sanda da kawun yarinya, mun ɗauke su tamkar kujerun ɗaki, ana zama a kansu ba a tambayar wanda ya sassaƙa su. To, a kan ɗaya daga cikin waɗannan nake so in yi magana, mutumin da ya shiga wasa yana yaro, ya shekara sittin da ɗoriya a ciki, mafi yawansu a gefe.

Sunansa na yanka Syed Ishtiaq Ahmed Jafri, amma da Jagdeep duniya ta san shi. An haife shi cikin 1939 a garin Datia, a tsakiyar Indiya. Mahaifinsa ya rasu yana ƙarami, ga kuma hargitsin raba ƙasa na 1947, lokacin da aka yanke Pakistan daga Indiya. Shi da mahaifiyarsa suka tsinci kansu a Bombay, wadda yanzu ake kira Mumbai, ba su da komai. Kamar yadda ya sha ba da labari da bakinsa, sai da ya yi talla a bakin titi kafin ya ji ana neman yara da za su zauna cikin taro su yi tafi a wani fim, a biya su rufi uku. Fim ɗin shi ne Afsana na B. R. Chopra, wanda ya fito cikin 1951. Aka yi rashin sa'a yaron da aka ba magana da harshen Urdu ya kasa, shi kuwa Urdu harshen gidansu ne, ya ce zai iya, aka ninka masa kuɗin. Ka ji mafari. Ba sha'awar suna ta kai shi ba, yunwa ce, abin da ya fid da shi daga cikin taron yara kuwa harshe ne. Mai karatu ya riƙe wannan, za mu komo kansa.

Cikin 1953 Bimal Roy ya sa shi a Do Bigha Zamin, labarin wani manomi da bashi ya kore shi zuwa Kalkata, yana jan keken ɗaukar mutane don ya fanshi 'yar gonarsa. Ɗan manomin, wanda Ratan Kumar ya fito a matsayinsa, shi ne yaron da ake tausayi. Jagdeep kuwa Lalu ne, ɗan shushaina mai bakin tsiya da wayon birni, wanda ya koya wa baƙon yaro sana'a. Ni dai da na kalli wannan fim, Lalu ne ya tsaya mini a rai, domin na san irinsa a tashar mota: yaron da duniya ta yi masa tsufa tun bai yi gemu ba, yana dariya amma idonsa na kan aljihunka. Ratan Kumar, wanda shi ne tauraron yara a lokacin, ya koma Pakistan cikin 1956, daga baya ma ya bar sana'ar. Yaron gefe shi ya dawwama.

Kada a zaci bai ɗanɗana aktanci ba. Kamfanin AVM na Madras ya haɗa shi da Nanda a Bhabhi cikin 1957 da Barkha cikin 1959, ya yi soyayya, ya yi waƙa kamar kowa. Sai dai abin bai ɗore ba. A nan ne mafi yawan yaran fim ke karyewa, don abin da ake so a wurin yaro, watau ƙuruciyar fuska, ba ya jiran kowa, kuma wanda aka saba tafa masa yana ɗan shekara goma sha huɗu, da wuya ya yarda ya riƙe wa wani jaka yana ɗan talatin. Jagdeep ya yarda. Daga Brahmachari na 1968, inda Shammi Kapoor ke akta, ya koma ɗan barkwanci sosai, bai sake waiwaye ba.

Sa'an nan sai Sholay, cikin 1975. Fim ne da ya haura awa uku, ga Amitabh Bachchan, ga Dharmendra, ga Amjad Khan a matsayin Gabbar Singh. Fitowar Jagdeep duka ba ta wuce 'yan mintoci ba. Shi ne Soorma Bhopali, mai sayar da itace, maƙaryaci na bugawa a jarida. Ɓarayin nan biyu, Jai da Veeru, suka shirya da shi ya miƙa su ga 'yan sanda ya karɓi ladan da aka sa a kansu, in sun fito a raba. Da suka fito, sai suka same shi ya tara mutane yana cika baki, yana kwatanta yadda ya ci kwalarsu shi kaɗai, bai san suna nan suna saurare ba. A bar dukan abin da ya biyo baya, a dubi fuskarsa kawai sa'ad da ya farga: yadda murya ta sauko daga ta zaki zuwa ta kyanwa ba tare da ya ja numfashi ba. Wannan ba a koyonsa a shekara ɗaya.

Amma ainihin gishirin wurin a harshe yake. Da karin mutanen Bhopal ya yi magana, irin yadda suke jan kalma suna lanƙwasa ta, kuma Javed Akhtar, ɗaya daga cikin marubutan fim ɗin biyu, a Bhopal ya yi karatu, ya san irin waɗannan mutane. Mu da ba ma jin Hindi rabin dariyar kawai muke samu, ta ido da hannu. Na sha tambayar kaina, a matsayina na ɗalibin Hausa, da za a ba ni in juya wannan wuri, da wane baki zan sa shi ya yi magana? In na ba shi daidaitacciyar Hausa na kashe shi. In na ba shi Sakkwatanci ko Gudduranci, na ɗora wa mutanen wani gari ƙaryar da ba su ji ba ba su gani ba. Abin da ya fi kusa, a ganina, shi ne abin da marigayi Usman Baba Pategi ya yi da Barikanci a Samanja, inda harshen kansa shi ne rigar ɗan wasan, ka cire shi ba sauran mutum.

Kamanninsu ba su tsaya nan ba. Mutum nawa ne cikinmu ke kiran Samanja da sunansa na yanka? Haka Soorma Bhopali ya haɗiye Jagdeep. A nan ne nake ganin nasarar ta zo masa da ƙaya. Masu shirya fim suka gano abin da ke sa mutane dariya, suka yi ta neman a maimaita musu: zare ido, da ihu, da karkace baki. Gaskiya ɗaya ce, da yawa daga cikin fitowarsa ta shekarun 1980, har da ta finafinan ban tsoro irin Purana Mandir na 1984, hayaniya ta fi fasaha yawa a ciki. Yaron nan na Bimal Roy, mai sa ka dariya da tausayi a lokaci guda, ba a ƙara ba shi fili sosai ba. Shi kansa ya bi sawun abin, ya shirya fim cikin 1988 ya sa masa suna Soorma Bhopali, manyan taurari suka leƙo don kara, amma bai yi kasuwa ba. Abin da ya yi daɗi a minti goma, da aka ja shi ya cika fim guda sai ya salance, kamar yaji ne aka ce a yi tuwo da shi. Cikin 1994 ma, da ya fito uban Salman Khan a Andaz Apna Apna, Bhopali ɗin dai aka sake liƙa masa a suna.

'Yan'uwa ɗalibai, abin da ya sa na ɗauko wannan zance shi ne abin da nake gani duk shekara in an zo rabon matsayi a wasan kwaikwayonmu na Makon Hausa. Kowa sarki yake so, ko alƙali, ko saurayin da za a ba yarinya. In aka ce wa zai fito maroƙi, ko dillaliya, ko ɗan kamasho, sai ka ga ana duban silin, a ƙarshe a tura wa 'yan aji ɗaya da ba su da bakin musu. Alhali kuwa sarki zama kawai yake yi ana masa fifita, kowa ya sa rawani ya iya. Dillaliya ita ke bukatar wanda ya zauna ya saurari yadda ake shiga gida da sallama uku, a yabi ɗan masu gida kafin a kwance ƙunshi. Ranar wasa kuma, in an watse, ba maganar sarki ake maimaitawa a hanyar ɗakin kwana ba. Sai dai ban ce a bar mutum ɗaya da dillanci shekara huɗu don ya iya ba, kamar yadda muke yi. Wanda ya ba mu dariya bana, baɗi a gwada shi a uban da aka kashe wa ɗa.

Jagdeep bai sami mai yi masa wannan gwaji ba bayan Sholay, sai jefi-jefi. Duk da haka ya ci gaba da aiki, ana lissafa masa fim sama da 400, har cikin 2012 yana fitowa a Gali Gali Chor Hai, ɗansa Javed Jaffrey kuma ya gaje shi a barkwanci. Ya rasu a Mumbai ran 8 ga Yuli, 2020, yana da shekara 81. Jaridun ƙasarsu da suka ba da labarin, Soorma Bhopali suka ce ya rasu.