Ukun Birnin Washinton

Duk daren zaɓen shugaban ƙasar Amurka, gidajen talabijin kan shimfiɗa taswirar ƙasar, su rina wasu jihohi ja wasu shuɗi, su ɗora wa kowace jiha lambarta. Ido yakan fara sauka kan manya: Kalifoniya 54, Tekzas 40, Fulorida 30, Niu Yok 28. Can gefen gabas kuwa, inda jihohi suka yi ƙanana har rubutu ba ya shiga cikinsu, akan jera 'yan akwatuna a kan teku, ɗaya daga cikinsu ɗauke da lamba 3. Wannan akwatin na Gundumar Kolambiya ne, wato birnin Washinton, fadar gwamnatin tarayya. Masu sharhi ba sa ɓata lokaci a kansa, domin tun 1964 birnin bai taɓa zaɓar kowa ba sai ɗan takarar jam'iyyar Dimokurat. Amma ni wannan ukun ne ya fi tsaya mini a rai, domin duk sauran lambobin taswirar suna da abin da suka jingina da shi, shi kaɗai ne ba shi da.

Ba'amurke idan ya kaɗa ƙuri'a, ba shugaban ƙasa ya zaɓa kai tsaye ba. Ya zaɓi jerin wakilan zaɓe ne da jam'iyyar ɗan takararsa ta tsayar a jiharsa, su ne za su zauna a watan Disamba, kowane rukuni a jiharsa, su kaɗa ƙuri'ar da doka ta sani. Yawansu kuma ba da ka aka yanke shi ba. Kundin tsarin mulkin da aka rubuta a 1787 ya ce a ɗauki yawan kujerun jiha a Majalisar Wakilai, a ƙara da sanatocinta biyu. Kalifoniya tana da 'yan majalisa 52 da sanatoci 2, shi ya ba da 54. Wyoming tana da ɗan majalisa guda da sanatoci 2, shi ya ba da 3. Kujerun Majalisar Wakilai 435 ne, sanatoci 100, jimilla 535. Ke nan kowane wakilin zaɓe yana tsaye ne a madadin wata kujera ta gaske da wani mutum yake zaune a kanta, yana muhawara, yana ɗaga hannu idan an zo yanke doka.

Waɗannan kujeru 435 ana sake raba su duk bayan shekara goma, bayan ƙidayar jama'a, kuma rabon yakan zo da tsanani. A ƙidayar 2020 Tekzas ta ƙaru da biyu, Kalifoniya ta rasa ɗaya karon farko a tarihinta. Niu Yok, jiha mai mutum fiye da miliyan 20, ta rasa kujera saboda gibin mutum 89. Da an ƙidaya waɗannan 89 ɗin, da ta riƙe kujerarta, da Minnesota ce ta yi asara. Wanda ya ƙi buɗe wa ma'aikacin ƙidaya ƙofa bai san ya taɓa zaɓen shugaban ƙasa har sau biyu ba, na 2024 da na 2028.

To, idan 535 ne, daga ina 538 ta fito? Daga Washinton. Sai dai birnin ba shi da sanata ko ɗaya, ba shi kuma da ɗan majalisa mai ƙuri'a. An ba shi uku ne bisa wani lissafi na "da a ce". Gyara na 23 da aka yi wa kundin tsarin mulki, wanda jihohi suka kammala amincewa da shi a watan Maris na 1961, ya ce gundumar ta samu wakilan zaɓe gwargwadon abin da za ta samu da a ce jiha ce, amma ko ta halin ƙaƙa kada ta wuce jihar da ta fi kowace ƙarancin jama'a. Wato an ƙidaya mata sanatoci biyu da ba ta da su, da ɗan majalisa guda da ba ta da shi, aka ba ta ƙuri'ar kujerun, aka riƙe kujerun.

Wannan sharaɗi na ƙarshe ba ado ba ne. A ƙidayar 1960 mutanen birnin sun kai kimanin 764,000, alhali jihar New Hampshire tana da kimanin 607,000. A zaɓen 1964 New Hampshire ta kaɗa ƙuri'a huɗu, Washinton uku. Bai kamata a manta da cewa a wancan lokaci baƙaƙen fata sun riga sun zama mafi rinjaye a birnin ba, kuma cikin jihohin Kudu goma sha ɗaya da suka taɓa ɓallewa a yaƙin basasa, Tennessee ce kaɗai ta amince da gyaran a lokacin. Arkansas ma fitowa fili ta yi ta ƙi shi.

Asalin lamarin tsoho ne. Waɗanda suka kafa ƙasar ba su so fadar tarayya ta zauna a hannun wata jiha ba, don kada gwamnan jihar ya riƙe wuyan gwamnatin tarayya. Shi ya sa Maryland da Virginia suka yanko ƙasa a gaɓar kogin Potomac, gwamnati ta tare a 1800, a 1801 kuma Majalisa ta karɓi ikon gundumar gaba ɗaya. Daga nan mutanen da jiya suke zaɓe a matsayin 'yan Maryland ko Virginia suka wayi gari ba su da ƙuri'a. Ɓangaren Virginia an mayar mata da shi a shekarun 1840. Waɗanda suka rage kuwa sun yi shekara fiye da 160 suna kallon ana rantsar da shugabanni a ƙofar gidansu ba tare da an tambaye su ba. Hujjar farko tana da ma'ana a zamanin da birnin bai wuce 'yan gine-ginen gwamnati da dausayi ba. Ban ga yadda za ta ɗauki nauyin birni mai mutum 689,545 ba, adadin da ƙidayar 2020 ta bayar, wanda ya zarce na Vermont da na Wyoming, kowacensu kuwa da sanatocinta biyu.

Adalci ya sa a faɗi ɗaya gefen. A zaɓen shugaban ƙasa kaɗai, mutumin Washinton ba a cuce shi ba. Idan aka raba yawan jama'a da yawan wakilai, wakili guda a Kalifoniya yana ɗauke da mutum fiye da 700,000, a Washinton kuwa kimanin 230,000. Ƙuri'arsa ta fi ta mutumin Los Angeles nauyi har sau uku. Amma wannan rana ɗaya ce cikin shekara huɗu. Sauran kwanakin Majalisa ce ke da ta cewa a kan birnin, kuma a can ba shi da baki. Tun 1971 yana aika wakili zauren Majalisar Wakilai, Walter Fauntroy ne na farko, Eleanor Holmes Norton ta gaje shi a 1991. Wakilin yana magana, yana zama a kwamiti, amma idan an zo ƙuri'ar ƙarshe kan doka sai ya naɗe hannu. Dokar 1973 ta ba mutanen birnin damar zaɓar magajin gari da majalisar birni, duk da haka Majalisar tarayya na iya soke abin da suka zartar, kuma ta yi hakan a 2023 kan sabuwar dokar laifuka ta birnin, Shugaba Biden ya sa hannu. Lamarin ya yi kama da na maigidan da ake taro a zaurensa, ana yanke hukunci kan gidansa, shi ne kuma ke kawo ruwan sha, amma ba a ba shi damar ɗaga hannu.

Mutanen birnin ba su ɓoye damuwarsu ba. Tun shekarar 2000 suka rubuta ƙorafinsu a jikin lambar mota, cewa suna biyan haraji ba su da wakilci, kalaman da kakannin Amurkawa suka yi wa Ingila tawaye da su. A wannan shekarar ce kuma ɗaya daga cikin wakilan zaɓen birnin uku, Barbara Lett-Simmons, ta miƙa takardarta babu sunan kowa, don nuna rashin amincewa. Shi ya sa littattafan tarihi suka rubuta wa Al Gore, ɗan takarar Dimokurat, 266 maimakon 267, abokin karawarsa George Bush kuma 271. A zaɓen da aka yi ta shari'a a kansa har Kotun Ƙoli, mace guda ta ga ya fi mata ta bar takarda fara da ta yi kamar komai daidai yake.

Akwai wani abu da ukun nan ya jawo wanda ba a cika lura da shi ba. Lamba 535 ba ta rabuwa biyu daidai, 538 kuwa tana rabuwa. Don haka mai neman nasara sai ya kai 270, kuma ana iya yin kunnen doki, 269 da 269. Idan haka ta faru, Majalisar Wakilai ce za ta zaɓi shugaba, kowace jiha da ƙuri'a ɗaya, Majalisar Dattawa kuma ta zaɓi mataimaki. A duka zaurukan biyu Washinton ba ta da ƙuri'a. Birnin da ukunsa ya sa kunnen dokin ya yiwu, shi ne za a bari a waje ranar raba gardama.

Mai karatu a Najeriya ba baƙo ba ne ga irin wannan tambaya, ko da yake ba mu da wakilan zaɓe. Sashe na 134 na kundin 1999 ya ce mai nasara ya samu kashi ɗaya cikin huɗu na ƙuri'u a kashi biyu cikin uku na jihohi da Babban Birnin Tarayya, Abuja. Bayan zaɓen 2023 an kai ruwa rana kan ko dole ne sai an samu wannan kason a Abuja ita kanta, har Kotun Ƙoli ta yanke a watan Oktoba cewa a ɗauke ta tamkar jiha ta 37, ba ta da wani fifiko. Mutumin Abuja ba ya zaɓar gwamna, minista ake naɗa masa, amma yana da sanata guda da 'yan majalisar wakilai biyu masu cikakkiyar ƙuri'a. A wannan fannin ya fi mutumin Washinton.

An yi ƙoƙarin gyara. A 1978 Majalisa ta zartar da gyaran da zai ba gundumar cikakken wakilci, amma jihohi 16 kaɗai suka amince kafin wa'adin ya ƙare a 1985, alhali ana buƙatar 38. A 2020 da 2021 Majalisar Wakilai ta amince da ƙudurin mayar da birnin jiha ta 51, Majalisar Dattawa ba ta bi ba. Dalilin ba ɓoyayye ba ne: kowa ya san jam'iyyar da za ta samu sababbin sanatocin biyu. A ganina wannan ba hujja ba ce ta hana mutane wakilci, domin ba a tambayar ɗan ƙasa wa zai zaɓa kafin a ba shi haƙƙin zaɓe.

Ko da ƙudurin ya wuce, ukun nan zai bar wani ƙulli. Shirin shi ne a bar 'yar ƙaramar gunduma ta tarayya da ta ƙunshi Fadar White House, ginin Majalisa, Kotun Ƙoli da filin da ke tsakaninsu, sauran birnin ya zama jiha. Amma gyara na 23 zai ci gaba da ba wa wannan 'yar gundumar wakilan zaɓe uku, alhali mazaunanta ba su wuce iyalan shugaban ƙasa da wasu tsiraru ba. Shi ya sa masu ƙudurin suka sa tanadin a gaggauta soke gyaran, soke shi kuwa yana buƙatar kashi biyu cikin uku na kowane zauren Majalisa da amincewar jihohi 38.