Kwanakin jiran amsa daga Kano

Laraba, 8 ga Nuwamba 2023
Kara, kasuwar shanun Potiskum, tun da hantsi. Sauraro ya kai ni. Dillali riƙe da igiyar bijimi, mai saye ya taya, shi kuwa "albarka" kawai, ko kallonsa bai yi ba. Sai da mutumin ya juya baya aka kira shi, aka sallama. Zancen la'ada can gefe, ƙasa-ƙasa. Tireloli jere, ana lodin kudu. Hausa, Fulatanci, Ngizimanci, Bolanci, Karekare, duk a wuri guda. Fitowar da ta gagare ni a wasan da nake rubutawa ta samu.

Alhamis, 9
Babu wuta. Waya a wurin mai caji na bakin titi. Wanda na tura wa rubutun a Kano shiru.

Juma'a, 10
Bayan masallaci na sake karanta kashi na farko na wasan. Uwar gidan dillalin tana magana kamar mai wa'azi. A tsakar gidajen Dogo Tebo ba haka mata ke yi ba: habaici ne, rabin zance, sauran a ido. Na soke shafi biyu. Yaya ta ce, "Kai dai rubutun nan, yaushe zai kawo cefane?" Ta ajiye min kunu ta fita.

Lahadi, 12
Samanja ya rasu a Kaduna. Usman Baba Pategi. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. A rediyon maƙwabci na fara ji, sannan Facebook ya cika.
Mutumin Pategi, Banufe, tsohon soja. Bai je nesa neman labari ba. Barikin da ya zauna ya ɗauko, da fareti, da tsawar samanja, da Hausar sojoji mai gauraye da Turanci, ya kai Rediyon Kaduna da NTA Kaduna. Shi ke tsara wasan, shi ke fitowa. Baba ya sha ba mu labarin yadda ake cika tsakar gidan mai talabijin ɗaya tilo a layi, yara a ƙasa, manya a benci. Allah ya jiƙan mazan fama.
Na kasa rubuta komai.

Litinin, 13
Hazo ya fara. Leɓe na tsagewa. Saƙona an buɗe, ba amsa.

Talata, 14
Lissafin ɗauka a nan: kyamara haya daga Kano ko Damaturu, man janareto tun da aka cire tallafi, abincin 'yan wasa, izinin shugabannin kara. Kuɗin sun fi ƙarfina nesa ba kusa ba. Amma Arewa24 ta fara a 2014, ga Daɗin Kowa ya shiga kowane gida da talakawan gari kawai. Me zai hana Potiskum?

Alhamis, 16
Kira daga Kano, da la'asar. Ya yaba rubutun. Sai dai a mayar da labarin Kano, a cire yarukan, wai masu kallo ba za su gane ba. Na ce, "Ranka ya daɗe, a ba ni lokaci." Raina a dagule har isha. In an cire Ngizimancin tsohon mai igiya na cikin wasan, me ya rage?

Asabar, 18
Ban ba shi amsa ba. Wuta ta dawo ƙarfe biyun dare, na tashi na buga kashi na huɗu yadda yake, da yarukansa. Laraba zan koma kara, akwai tsohon dillalin da ya yarda in naɗi muryarsa.